Barbara Jordan: 'Yar Fasto Da Ta Riƙe Jihar Teksas Na Kwana Ɗaya

Ranar Asabar, 10 ga watan Yuni, 1972, gwamnan jihar Teksas ta ƙasar Amurka da mataimakinsa duka biyu suka fita daga jihar. Lafiya lau suka fita. Al'adar wurin ke nan: idan sanatocin jiha suka zaɓi ɗaya daga cikinsu ya zama shugaban riƙo na Majalisar Dattawa, sai manyan nan biyu su ƙetare iyaka na yini guda, domin doka ta ce in ba sa nan shi ne gwamna. A rantsar da shi, a yi biki, kashegari kowa ya koma kujerarsa. An yi wa sanatoci da dama wannan karamci, yawancinsu kuwa an manta da su. Amma wadda aka rantsar a wannan rana mace ce, baƙar fata ce kuma, ba a kuwa taɓa ganin mace baƙar fata a kan kujerar gwamna a ko'ina cikin Amurka ba, ko da na sa'a ɗaya. Sunanta Barbara Jordan, shekarunta 36.

Jama'a suka zo daga birnin Hustan, inda aka haife ta, suka cika ginin majalisa da ke Ostin, babban birnin jihar. Mahaifinta, Fasto Benjamin Jordan, yana cikin taron. A ranar nan ce, ana cikin hidimar bikin, ciwon shanyewar jiki ya buge shi, aka ɗauke shi zuwa asibiti. Kashegari ya rasu.

Mutanen Amurka sun fi tuna wannan mata saboda wani jawabi da ta yi a Washinton shekara biyu bayan haka, za mu zo kansa in mun yi nisa. Amma mu abin da ya ja hankalinmu shi ne shekara shida da ta yi a majalisar jiharta, ita kaɗai mace, ita kaɗai baƙar fata, a tsakiyar maza 30, kusan dukansu Turawa. Ƙaƙa mutum ɗaya tilo yake samun abin da ya je nema a ɗakin da ba a yi maraba da shigowarsa ba? Me kuma yake biya? Duk jama'ar da ta taɓa tura ɗanta ko 'yarta majalisa da begen za a share mata hawaye, ta san wannan tambaya.

Gidan fasto da keken tsummoki

An haife ta ranar 21 ga Fabrairu, 1936, a Unguwa ta Biyar ta birnin Hustan, unguwar baƙar fata da talakawa. Ita ce auta cikin 'yan mata uku. Mahaifinta ma'aikacin sito ne, daga baya ya zama faston wata ƙaramar ikilisiyar Baftis, yana haɗa aikin biyu. Mahaifiyarta Arlyne kuwa tun tana budurwa aka san ta da iya magana a taron ikilisiya. Gida ne mai tsanani, ba rawa, ba zuwa silima. Majami'ar da Barbara ta tashi a ciki sunanta Good Hope, watau Kyakkyawan Bege.

Majami'ar nan tana da hannu dumu-dumu cikin gwagwarmayar zamaninta. Fastonta, Rabaran A. A. Lucas, ya shugabanci reshen Hustan na NAACP, ƙungiyar neman 'yancin baƙar fata. A lokacin nan jam'iyyar Dimokurat ce kaɗai take cin zaɓe a Teksas, saboda haka ainihin zaɓen shi ne na fid da gwani na jam'iyyar, an kuwa hana baƙar fata jefa ƙuri'a a cikinsa. Wani likitan haƙori na Hustan mai suna Lonnie Smith ya kai ƙara, magana ta tafi har Kotun Ƙoli, a 1944 kotun ta rushe wannan hani. Barbara tana da shekara 8. Duk da haka akwai sauran shinge, watau harajin ƙuri'a. Kowa sai ya biya kuɗi kowace shekara, tun watanni kafin zaɓe, ya kuma adana rasiti, kafin a bar shi ya jefa ƙuri'a. Kuɗin bai kai dala biyu ba, amma ga lebura mai iyali ya isa ya sa ya haƙura, abin da ake so ke nan kuwa.

Mutumin da ya fi shiga ranta a ƙuruciya shi ne kakanta na wajen uwa, John Ed Patten, mai sana'ar saye da sayar da tsummoki da tsofaffin ƙarafa, irin ta 'yan gwangwan, yana yawo da keken da alfadari ke ja. Ranar Lahadi bayan sujada takan je ta taya shi ware kaya, yana ba ta rabonta na kuɗin. Shi ne ya riƙa gaya mata kada ta bi ayari don kawai ayari ne, ta yi tunani da kanta. Abin da zai ba mai karatu mamaki, mahaifin wannan tsoho, Edward Patton, ya taɓa zama ɗan Majalisar Wakilan Teksas a 1891, yana cikin baƙar fata na ƙarshe da suka zauna a can kafin a toshe ƙofa. Daga kujerar majalisa zuwa keken tsummoki, tsakanin uba da ɗa ne kawai.

A makarantar sakandare ta Phillis Wheatley, wadda aka keɓe wa baƙar fata, wata lauya daga Shikago mai suna Edith Sampson ta zo ta yi wa ɗalibai magana a kan sana'o'i. Daga ranar Barbara ta ce ita lauya za ta zama. A 1952 ta ci gasar iya magana ta ƙasa baki ɗaya a Shikago, gasar da ƙungiyar masu tarbar jama'a a ƙofar majami'u ta shirya. Mu da muke ɗaukar haddar aya da gasar makarantar Lahadi kamar abin rage wa yara lokaci ne, ga inda wata ta fara.

Babbar Jami'ar Teksas ba ta ɗaukar baƙar fata a karatun digiri na farko a lokacin, sai ta shiga jami'ar Texas Southern da ke Hustan, wadda jihar ta kafa a 1947 musamman domin kada baƙar fata su matsa sai sun shiga babbar. A can ta yi fice a ƙungiyar muhawara, har suka yi kunnen doki da ɗaliban Harvard. Ta gama a 1956, ta tafi Jami'ar Boston karatun shari'a.

A nan ne ta sha mamaki. A gida, murya da ƙarfin hali sun ishe ta cin kowace gardama. A Boston kuwa daɗin murya bai dami malamai ba, hujja suke nema, a kawo ta daki-daki, a kuma kare ta. Ta gane cewa ilimin da aka ba ta a makarantun wariya bai kai na abokan karatunta ba, ko da yake doka tana iƙirarin daidai suke. Sai ta duƙufa, tana karatu har tsakar dare, ba ta ma so a ga irin faman da take yi. Ranar Lahadi takan je ɗakin sujada na jami'ar ta ji wa'azin Howard Thurman, har ta yi tunanin barin shari'a ta koma karatun tauhidi, daga baya ta fasa. Mun tsaya a kan shekarun Boston ne domin darasin da ta ɗauko a can, cewa mai iya magana dabam, mai sanin abu dabam, shi ne makamin da ta shiga majalisa da shi.

Faɗuwa biyu

Ta sami digirinta a 1959. Da ta koma Hustan ba ta da kuɗin kama ofis, sai teburin cin abinci na gidan iyayenta ya zama ofishin lauya. A 1960 ta shiga aikin sa kai a yaƙin neman zaɓen John Kennedy da Lyndon Johnson, tana liƙa kan sarki a ambulan. Wata rana mai jawabin da aka shirya a wata majami'a bai zo ba, aka ce ta tsaya a madadinsa. Daga wannan dare ba a sake mayar da ita wurin ambulan ba.

A 1962 ta nemi kujerar Majalisar Wakilan jiha, ta faɗi. A 1964 ta sake nema, ta sake faɗuwa. Matsalar tana cikin tsarin zaɓen kansa. Dukan wakilan gundumar Harris, inda Hustan take, gunduma ce baki ɗaya take zaɓensu, ba unguwa unguwa ba. Saboda haka ko da kowane baƙar fata ya fito ya zaɓe ta, ƙuri'un Turawan gundumar, waɗanda suka fi yawa, za su shanye nata.

Bayan faɗuwa ta biyu sai dangi suka fara yi mata maganar da akan yi wa budurwa mai shekara 28: to, ina batun aure? Ta zauna ta auna, ta ga a zamaninta ba za a bar ta ta riƙe biyun ba, ta zaɓi siyasa. Har ta rasu ba ta yi aure ba. Ba mu ce kowace mace ta bi wannan hanya ba, amma ya kamata mu lura cewa ba a cika sa ɗan takara namiji ya zaɓi ɗaya cikin biyun nan ba.

Kotu ce ta buɗe mata ƙofa. A 1964 Kotun Ƙoli ta Amurka ta yanke cewa dole mazaɓun majalisun jihohi su yi daidai da yawan jama'a. Kafin nan tsarin mulkin Teksas ya hana kowace gunduma samun sanata fiye da ɗaya, saboda haka gundumar Harris mai mutum sama da miliyan ɗaya sanata guda take da shi, ƙauyuka masu mutane kaɗan kuwa suna riƙe da majalisa. Da aka sake shata mazaɓu sai Harris ta sami kujeru huɗu, ɗaya cikinsu, mazaɓa ta 11, ta haɗa Unguwa ta Biyar da unguwannin ma'aikata. A farkon 1966 kuma kotu ta soke harajin ƙuri'a a zaɓukan jihar. A wannan shekara Barbara ta ci kujerar da babban rinjaye. Rabon da baƙar fata ya zauna a Majalisar Dattawan Teksas tun 1883, lokacin da Walter Burton ya sauka.

Cikin ɗakin maza talatin

Domin mai karatu ya gane abin da ta tarar, sai mun ɗan bayyana tsarin wurin. A nan ƙasar majalisar jiha ɗaya ce, amma Teksas tana da biyu, ta Wakilai da ta Dattawa. Ta Dattawa mutum 31 ne. Zaman majalisa na ƙa'ida sau ɗaya ne a shekara biyu, ba ya wuce kwana 140, albashin ɗan majalisa a lokacin dala 4,800 ne a shekara. Mataimakin gwamna shi ne shugaban Majalisar Dattawa, shi yake raba kwamitoci, shi yake cewa wane ya tashi ya yi magana. Akwai kuma wata ƙa'ida a wancan zamani: ba a kawo ƙudurin doka gaban majalisa a tattauna sai kashi biyu cikin uku sun yarda, watau sanata 21. In ka juya lissafin, sanata 11 sun isa su kashe kowane ƙuduri. Ma'anar wannan ita ce wanda ba shi da abokai ba zai ga ƙudurinsa ko a bakin ƙofa ba, amma kuma ƙuri'a guda, in an san lokacin sayar da ita da lokacin hana ta, tana da tsada ƙwarai.

Mutane da yawa sun zaci za ta shiga da faɗa. Wasu cikin sanatocin a shirye suke su ga mai tayar da rigima, domin su sami dalilin yin watsi da ita. Wasu cikin mutanenta ma faɗan suke so su gani, gama sun daɗe da ciwo a zuci. Ita kuwa sai ta yi shiru. Ta ɗauki littafin ƙa'idodin majalisa ta haddace shi. Ta duba ta ga waɗanda suke da iko na gaske tsofaffin masu ra'ayin riƙau ne, irin su Dorsey Hardeman na San Angelo, wanda ba wanda ya kai shi sanin dabarun zaman majalisa, sai ta matsa kusa da su, tana tambaya, tana koyo. Tana zama da su bayan an tashi, in an yi taron shaƙatawa ta ɗauki jita ta yi waƙa. Mutanen da ba su taɓa zama da baƙar fata a matsayin tsara ba, sai ga su suna neman shawararta. Da ta buɗe baki a majalisa kuwa, a kan harajin sayayya ta yi magana, tana cewa talaka ne yake ɗaukar nauyinsa fiye da mai kuɗi. Ba ta yi nasara a wannan ba, amma an ji ta. A ƙarshen zaman 1967 abokan aikinta suka zaɓe ta a matsayin wadda ta fi ƙwazo cikin sababbin sanatoci. A farkon wannan shekara ma Shugaba Johnson, wanda shi ma ɗan Teksas ne, ya gayyace ta fadar gwamnati domin shawara a kan dokar hana wariya wajen gidajen zama.

To, me wannan haƙuri ya haifar? Ga misali ɗaya. A damunar 1966 ma'aikatan gonakin kankana na kudancin Teksas, yawancinsu 'yan asalin Meziko, suka yi tattaki na wata biyu da ƙafa zuwa Ostin, wani fada na Katolika da wani faston Baftis suna gaba, suna roƙon a kafa mafi ƙarancin albashi na dala 1.25 a awa. Gwamna John Connally ya tare su a hanya, a garin New Braunfels, ya ce musu ba zai kira majalisa a kan wannan ba. Shekara uku bayan haka, a zaman 1969, Barbara tana shugabar kwamitin ƙwadago na Majalisar Dattawa, aka zartar da dokar mafi ƙarancin albashi ta farko a tarihin jihar, a kan dala 1.25 ɗin nan, ita da Sanata Joe Bernal na San Antonio suna cikin manyan masu tura ta. Dokar ba ta shafi kowa ba, sai da aka cire wasu rukunonin ma'aikata kafin a sami ƙuri'un da ake bukata. Haka kuma ta jagoranci ƙara diyyar ma'aikacin da ya ji rauni a bakin aiki, daga dala 35 a mako zuwa dala 49. Wanda bai taɓa kwanciya da karaya ba, yara suna jiran abinci, zai ce dala 14 ba wani abu ba ne. Tana kuma cikin waɗanda suka tsaya wa gyaran tsarin mulkin jihar da ya hana nuna bambanci saboda jinsi ko launin fata ko addini, wanda jama'a suka amince da shi a Nuwamba 1972.

Ranar 28 ga Maris, 1972, sanatoci suka zaɓe ta shugabar riƙo ta majalisar. Gaskiya ita ce muƙamin na girmamawa ne, akan bi da shi a kan sanatoci bisa ga daɗewa, iko na hannun mataimakin gwamna. Amma ba dole ba ne su ba ta, sun kuwa ba ta. Shi ne ya kai ta kujerar gwamna ta kwana ɗaya da muka fara da ita.

Ladan kuturu

Da a nan labarin ya tsaya, da ya yi daɗin ji. Amma akwai ɗaya gefen, ba kuwa za mu ɓoye shi ba.

Bayan ƙidayar 1970 Teksas ta sami ƙarin kujera a Majalisar Wakilai ta tarayya. Barbara tana cikin shugabannin kwamitin da ya shata mazaɓun tarayya, tana kuma ɗasawa da mataimakin gwamna Ben Barnes. Aka fitar da sabuwar mazaɓa, ta 18, a tsakiyar Hustan, kowa ya san wadda aka ɗinka wa rigar. Amma da aka zo shata mazaɓun Majalisar Dattawan jiha, sai aka yayyanka tsohuwar mazaɓarta, aka rarraba ƙuri'un baƙar fata ta yadda ba za su iya fid da nasu ba. Curtis Graves, baƙar fata ɗan Majalisar Wakilan jiha, wanda suka shiga majalisa shekara ɗaya da ita kuma aka san shi da faɗa a fili, ya zarge ta da sayar da kujerar jama'a domin ta sami tata. Ya kai ƙara kotu a kan mazaɓun, ya kuma tsaya takara da ita a 1972. Ita ba ta amsa zargin cewa ciniki ta yi ba, wata hukuma dabam ce kuma ta shata mazaɓun jihar. Jama'a suka ba ta kimanin kashi 80 cikin 100 na ƙuri'un. Amma bayan tafiyarta Majalisar Dattawan Teksas ta koma yadda take a dā, ba baƙar fata ko ɗaya, har shekara goma, sai a 1983 Craig Washington ya shiga.

Ba wannan kaɗai ba. A 1971 wata badaƙalar cin hanci da ake kira Sharpstown ta girgiza gwamnatin jihar, wasu 'yan Majalisar Wakilai 30 suka tashi tsaye suna neman bincike. Ɗaya cikinsu, Frances Farenthold, mace ce, ta nemi gwamna a 1972. Barbara ba ta bi ta ba, Barnes ta mara wa baya. A 1975 kuma, sa'ad da aka gurfanar da tsohon gwamna Connally bisa zargin karɓar cin hanci, mutumin nan da ya juya wa masu tattaki baya, Barbara ta je kotu ta ba da shaida a kan halinsa, ita da Billy Graham da waɗansu. Kotu ta wanke shi. Magoya bayanta da yawa ba su ji daɗi ba.

Hausawa sun ce kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. A ganinmu Graves yana da tasa gaskiyar, gama kujerar mazaɓa ta 11 ba gadon Barbara ba ce, ta mutanen da suka sha wahala kafin su same ta ce, da ya kamata kuwa a ji muryarta da ƙarfi sa'ad da ake yanka ta. Amma kuma ba faɗan fili ne ya kawo dala 1.25 ɗin nan ba, ba shi ne ya kawo dala 49 ba. Ƙuri'a 21 ce ta kawo su, ƙuri'un kuwa suna hannun mutanen da Barbara ta yarda ta zauna da su. Mun auna, mun sake aunawa, muna ganin ta fi kawo riba a kan hasara, sai dai hasarar ba ƙarama ba ce, ba kuma ita ce ta ɗauke ta ba.

Washinton, da komawa gida

Ta shiga Majalisar Wakilai ta tarayya a Janairu 1973, mace baƙar fata ta farko daga jihohin kudu. Tare da ita aka zaɓi Andrew Young daga Jojiya, wanda fasto ne. Tsohon shugaba Johnson, makonni kaɗan kafin rasuwarsa, ya ba ta shawara ta nemi kwamitin shari'a, ya kuma sa baki aka ba ta.

Mako ɗaya daidai bayan bikinta na gwamnan kwana ɗaya, watau ranar 17 ga Yuni, 1972, aka kama mutum 5 sun fasa ofishin jam'iyyar Dimokurat a ginin Watergate. Bincike ya yi ta tafiya har ya kai ƙofar Shugaba Richard Nixon, batun tsige shi kuwa ya faɗo a hannun kwamitin shari'a mai mutum 38. Daren 25 ga Yuli, 1974, aka ba Barbara minti 15 a gaban talabijin. Ba ta yi zagi ba. Ta ce sa'ad da aka rubuta tsarin mulkin Amurka a 1787, kalmar jama'a da ke farkonsa ba ta haɗa da irinta ba, sai ta hanyar gyare-gyare da hukunce-hukuncen kotu aka shigo da ita, saboda haka ba za ta zauna tana kallo a lalata shi ba. Sa'an nan ta riƙa kawo abin da magabata suka ce ya isa a tsige shugaba, tana ajiye abin da Nixon ya aikata kusa da shi, ɗaya bayan ɗaya. Aikin Boston ke nan da na Ostin. Ranar 9 ga Agusta Nixon ya sauka.

A 1975 ta tsaya sai da aka faɗaɗa dokar kare 'yancin zaɓe ta haɗa da Teksas da masu magana da harshen Sifaniyanci, ko da yake manyan jami'an jiharta sun ƙi. A nan ba ta yi musu kara ba. A 1976 ta yi babban jawabin buɗe taron ƙasa na jam'iyyarta a New York, abin da mace baƙar fata ba ta taɓa yi ba. Sa'an nan, ana tsammanin za ta ƙara gaba, sai ta ce ta gama. A Janairu 1979 ta bar majalisa tana da shekara 42.

Tun 1973 likitoci suka gano tana da wani ciwon jijiyoyi mai cinye ƙarfin gaɓoɓi a hankali, ta kuwa ɓoye shi shekaru da yawa. Ta koma Ostin ta zama malama a Jami'ar Teksas, jami'ar nan da ba ta iya shiga a 1952 ba, tana koyar da ɗa'a da riƙon amana a aikin gwamnati. Daga sanda ta koma keken guragu, wata aminiyarta da suka zauna gida ɗaya shekaru masu yawa tana jinyarta. A kan keken nan ta sake yin jawabi a taron jam'iyya na 1992. Gwamna Ann Richards ta ɗauke ta mai ba da shawara a kan ɗa'ar ma'aikata, a 1994 kuma Shugaba Bill Clinton ya ba ta lambar girma mafi daraja da ake ba farar hula, tana kuma shugabancin hukumar gyaran dokokin shige da fice har zuwa ƙarshen ranta.

Ta rasu ranar 17 ga Janairu, 1996, tana da shekara 59, bayan fama da sankarar jini da ciwon huhu. Aka yi sujadar jana'iza a majami'ar Good Hope ta Hustan, shugaban ƙasa yana zaune cikin masu makoki. Daga nan aka ɗauke ta zuwa Ostin, aka binne ta a maƙabartar gwamnatin jiha, inda ake ajiye gwamnoni da manyan Teksas, inda kuma sojojin da suka yi yaƙi a gefen jihohin bauta da matansu sama da 2,000 suke kwance. Ita ce mace baƙar fata ta farko da aka binne a wurin.